Vibranium da Mithril: Shin Akwai Ƙarfen Al'ajabi a Ƙarƙashin Ƙasa?

Shin akwai wani ƙarfe da ya fi zinare daraja, ya fi baƙin ƙarfe ƙwari, ba shi da nauyi, harsashi ba ya huda shi, har ma yana ba da wutar lantarki da kansa? Tambayar ta yi ƙarfi a farkon shekarar 2023, lokacin da wasu bidiyoyi suka karaɗe Facebook da TikTok da WhatsApp. A ɗaya, ana haɗa duwatsu biyu masu ƙyalli tartsatsi yana tashi. A wani kuma, an jona waya a jikin ɗan dutse sai ƙaramin ƙwan fitila ya kama. Bayanin da ke biye da su ya ce a Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kongo aka tono duwatsun, wasu ma suka ce ai wannan shi ne vibranium ɗin da ake gani a fim, ashe dama akwai shi, Turawa ne ke ɓoye mana.

Sassan tantance labarai na BBC da Reuters da AFP sun tuntuɓi masana ilimin duwatsu, kuma amsarsu ta zo ɗaya: dutse ba ya ajiye wuta irin yadda aka nuna. Duk da haka bidiyon bai mutu ba, yakan lafa ya sake tasowa da sunan wata ƙasar. Abin da ya sa na ga ya dace a warware maganar tun daga tushe shi ne, a wannan zamani da matasanmu suka cika ramukan haƙar ma'adinai daga Zamfara zuwa Nasarawa zuwa Agadas, rashin bambance ƙarfen tatsuniya da na gaske yana cin dukiyar mutane, wani lokaci har da rayukansu.

Mene ne vibranium, mene ne mithril?

Dukansu biyu marubuta ne suka ƙirƙire su, kuma an san shekarar da kowanne ya fito.

Vibranium ya fara bayyana ne a 1966 a mujallun labaran zane na kamfanin Marvel a Amurka. A labarin, wani ƙaton dutse ne ya faɗo daga sama a wata ƙasar Afirka ta ƙage mai suna Wakanda, ƙarfen yana cikinsa. Siffarsa ita ce yana shanye duk wani bugu da girgiza da ƙara. Da shi mutanen Wakanda suka gina birane da jirage da asibitocin da suka fi na kowa, sannan suka ɓoye kansu, suna nuna wa duniya su talakawan makiyaya ne, don kada a zo a ƙwace. Fim ɗin Black Panther na 2018, wanda ya tara sama da dala biliyan 1.3, shi ya kai sunan ƙarfen gidajen kallo na Kano da Maraɗi da Kumasi.

Mithril ya girme shi. Wani malamin Jami'ar Oxford a Ingila, J.R.R. Tolkien, shi ya kawo shi a littafinsa The Lord of the Rings da ya fito a 1954 da 1955. Kamanninsa na azurfa ne amma ba ya dusashewa, ana iya buga shi ya miƙe kamar jan ƙarfe, sannan in ya sha aiki ya fi ƙarfen takobi ƙwari alhali ba shi da nauyi. A ƙarƙashin wasu duwatsu, a wani wuri mai suna Moria, ake samunsa, inda wata al'umma ta wadanni, gwanayen haƙa da ƙira, suka kafa daula a ƙarƙashin ƙasa. Tun ana samunsa darajarsa ta ninka ta zinare sau 10. Kwaɗayinsa ya sa suka yi ta nutsawa cikin ƙasa har suka tayar da wani dodo na wuta da ke kwance a can, ya kashe sarkinsu, ya tarwatsa daular. Daga nan haƙa ta tsaya, ɗan abin da ya rage a hannun mutane ya wuce a yi masa kuɗi. Abin da aka fi tunawa shi ne wata rigar sulke ta mithril da jarumin labarin ke sawa a ƙarƙashin tufafinsa, wadda aka ce kuɗinta ya fi na ƙasarsu baki ɗaya.

Akwai 'yan'uwansu da yawa. A fim ɗin Avatar na 2009, wani kamfani ya tafi wata duniyar neman ma'adinin da ake sayar da kilo ɗaya dala miliyan 20, kuma ma'adinin yana kwance ne daidai ƙarƙashin mazaunin mutanen wurin.

Me ya sa masu ƙaga labari ke son irin wannan ƙarfe?

Dalili na farko tsohuwar matsala ce ta mayaƙa. Tarihin Kano ya ce Sarki Kananeji, wanda ya yi mulki wajen shekarar 1400, shi ya fara kawo lifidi da kwalkwali da sulke. Duk wanda ya taɓa ɗaga sulke na gaske, irin wanda ake fitowa da shi a hawan salla, ya san ba abin wasa ba ne, cikakken sulke yakan kai kilo 10 ko ya wuce. Mai kauri yana kare rai amma yana gajiyar da doki da mahayinsa, mara nauyi kuma mashi na iya ratsa shi. Kowane barde a duniya ya yi fatan samun rigar da ta haɗa kariya da sauƙi. Mithril wannan fatan ne aka ba shi suna. Mu ma muna da namu salon fatan, domin maganin ƙarfe da 'yan tauri ke taƙama da shi buri ɗaya yake biya, sai dai su a jiki suke neman taurin.

Dalili na biyu ya fi zurfi. Da zarar marubuci ya ce akwai abu mai daraja wanda a wuri guda kawai ake samunsa, to ya riga ya samu labari: wa ke da wurin, wa ke son ƙwacewa, wa zai shiga rami, wa zai ci riba. Ku lura cewa labaran nan uku amsoshi uku suka bayar ga tambaya ɗaya. A Moria masu arzikin ne suka halaka kansu da haɗama. A Avatar baƙi ne suka zo da bindiga. A Wakanda masu ƙasa ne suka riƙe abinsu, suka koyi sarrafa shi da hannunsu. Wanda ya san tarihin Kongo ko na Neja Delta ko na Jos a zamanin kuza zai gane cewa marubutan daga duniyarmu suka ɗebo kayan aikinsu.

Ƙarafan gaske da aka taɓa ɗauka na tsafi ne

A nan ne maganar ta fi daɗi, domin tarihi cike yake da ƙarafan da mutanen zamaninsu suka ɗauka abin al'ajabi ne, daga baya aka gano sirrinsu.

A jikin gawar Fir'auna Tutankamun, wanda aka gano kabarinsa a Masar a 1922, an samu wuƙaƙe biyu, ɗaya ta zinare, ɗaya ta baƙin ƙarfe. A zamaninsa, sama da shekara 3,300 da suka wuce, Misirawa ba su fara narka tama ba, don haka baƙin ƙarfe ya fi zinare wuyar samu. To ina aka samo na wuƙar? Binciken da aka wallafa a 2016 ya nuna akwai sinadarin nikel kusan kashi 11 cikin 100 a jikin kaifinta, adadin da ya dace da ƙarfen duwatsun da ke faɗowa daga sama. Ga ƙarfe daga sama, a hannun sarki, a Afirka. Sai dai da aka auna shi, ƙarfe ne da nikel da ɗan kobalt, duk abubuwan da ke nan a ƙasa.

Takubban Dimashƙu ma sun shahara ɗaruruwan shekaru saboda kaifinsu da wani zane mai kama da gudanar ruwa a jikinsu. Daga kudancin Indiya da Siri Lanka ake kawo curin ƙarfen, maƙeran Sham da Farisa su ƙera. Daga ƙarni na 18 sana'ar ta fara ɓacewa, har aka wayi gari babu mai iya yin irinsu, labarai kuma suka yi ta ƙaruwa. A shekarun 1990 wani masanin ƙarafa, John Verhoeven, da wani maƙeri, Alfred Pendray, suka nuna cewa ɗan mitsitsin sinadarin banadiyom da ke cikin tamar, tare da yadda ake zafafa ƙarfen a sanyaya shi sau da yawa, su ke fitar da zanen. Bayanin da ya fi karɓuwa shi ne, da aka daina samun irin wannan tama, sai dabarar maƙeran ta daina ba da sakamako, su kuwa ba su san dalili ba.

Aflaton, masanin Girka, ya ambaci wani ƙarfe mai suna orikalkum a labarinsa na tsibirin Atlantis, ya ce zinare kaɗai ya fi shi daraja. A farkon 2015 aka sanar da tsamo sanduna 39 daga wani jirgin ruwa da ya nutse kusa da garin Gela a tsibirin Sisili kimanin shekara 2,600 da suka wuce, jaridu suka ce an gano ƙarfen Atlantis. Da aka gwada, sai aka ga jan ƙarfe ne kashi 75 zuwa 80 da zinki kashi 15 zuwa 20, wato dangin tagullar da maƙeran Bida ke ƙera kwanuka da ita.

Amma labarin da na fi so mai karatu ya riƙe shi ne na alminiyom. Babu ƙarfen da ya kai shi yawa a ɓawon ƙasa, kusan kashi 8 cikin 100 ne na nauyinsa. Duk da haka a tsakiyar ƙarni na 19 ƙarfe ne na sarakuna da attajirai, domin raba shi da dutsen da yake ciki yana da matuƙar wuya. Fari ne kamar azurfa, ba shi da nauyi, ba ya tsatsa, kusan duk siffofin da aka ba mithril. A 1884 Amurkawa suka ɗora ɗan curinsa mai nauyin kilo 2.8 a ƙololuwar hasumiyar tunawa da George Washington don alfahari. Shekara biyu bayan nan, a 1886, wasu matasa biyu, Charles Hall a Amurka da Paul Héroult a Faransa, kowanne shi kaɗai, suka gano hanyar tace shi da wutar lantarki. Farashi ya faɗi warwas. Yau da shi ake gwangwanin lemo, masu narka gwangwani a kasuwanninmu kuma suna zuba tukwane da ludaya da shi. Dutsen yana nan yadda yake tun fil azal, sanin yadda za a yi da shi ne ya sauya komai.

Me ya sa masana ke da tabbacin babu wani ɓoyayyen ƙarfe?

Mutane da yawa sukan ce, ai ba a gama tone duniya ba, ta yaya za a ce babu? Tambaya ce mai ma'ana, kuma amsarta ba ta dogara da yawan ramukan da aka haƙa ba.

Duk abin da ke duniya an gina shi ne da sinadaran asali, kuma abin da ke bambanta wani da wani shi ne adadin wasu 'yan ƙwayoyi da ake kira furoton a tsakiyar ƙwayar zarrarsa. Mai furoton 1 shi ne haidurojin. Mai 13 alminiyom, mai 26 baƙin ƙarfe, mai 29 jan ƙarfe, mai 47 azurfa, mai 79 zinare, mai 80 zaiba, mai 82 dalma, mai 92 yuraniyom. Lokacin da Dimitiri Mendelif na Rasha ya jera sinadaran a jadawali a 1869, ya bar gurabe ya ce za a gano masu cike su, aka kuwa gano su ɗaya bayan ɗaya. Yanzu daga lamba 1 zuwa 118 kowace lamba tana da mai ita, kamar sahun salla da ya cika maƙil babu inda wani zai kutsa. Ba a rabin furoton, don haka babu wani abu da zai zauna tsakanin 26 da 27.

Saura abin da ke gaba da 118. Sinadaran da ke can ƙarshen jadawalin a ɗakin gwaji ake haɗa su, ƙwaya ɗaiɗai, kuma mafi nauyinsu sukan tarwatse cikin daƙiƙoƙi ko ƙasa da daƙiƙa. Abin da ba ya iya kai minti guda ba zai kwanta a cikin dutse shekaru miliyoyi yana jiran mai haƙa ba.

To in daga wata duniyar ya zo fa, kamar yadda labarin Wakanda ya ce? Mu ne ma ya kamata mu fi kowa sanin amsar. A watan Oktoba na 1962 wani dutse mai nauyin kilo 18 ya faɗo a gona a Zagami, cikin lardin Katsina na wancan lokaci, daga baya aka tabbatar daga duniyar Mas ya taso. A 2023 aka tsinci wanda ya fi shi, mai nauyin sama da kilo 24, a yankin Agadas na Nijar. An yi gwanjonsa a birnin New York a watan Yulin 2025 kan dala miliyan 5.3, abin da ya sa gwamnatin Nijar ta buɗe bincike kan yadda ya fita daga ƙasar. Duwatsun nan an yi musu awo iri-iri, kuma abin da ke cikinsu shi ne silikon da baƙin ƙarfe da magniziyom da sauran sanannun sinadarai. Tsadarsu daga ƙarancinsu take da kuma inda suka fito. Hasken taurari ma, in aka rarrabe shi da na'ura, sinadaran jadawalin nan yake nunawa.

Ƙofa ɗaya ce a buɗe, ita ce ta gauraye da dabara. Taitaniyom yana da kusan rabin nauyin ƙarfen ƙira, kuma in an gauraya shi da ɗan alminiyom da banadiyom yana da ƙwarin da ake injin jirgin sama da ƙashin roba na marasa lafiya da shi. Zaren Kevlar da ake rigar kare harsashi da shi wata masaniya, Stephanie Kwolek, ta haɗa shi a 1965. A 2004 masana biyu a Jami'ar Manchester suka ɓare wani shafi na kabon mai kaurin ƙwayar zarra ɗaya tal, wanda ya fi ƙarfe juriyar ja nesa ba kusa ba, suka samu kyautar Nobel a 2010. Duk abin da ya yi kusa da mithril a duniyar gaske, daga ɗakin bincike ya fito.

Ko su ma suna da iyaka, kuma maƙerin gargajiya ya san iyakar tun kafin a rubuta ta a littafi. In ya tsoma baƙin ƙarfen da ya yi ja a wuta cikin ruwa, zai yi tauri ya ɗauki kaifi, amma yana iya karyewa a kan uwar maƙera. In ya bar shi ya huce a hankali, zai yi laushi ya lanƙwashe ba tare da ya karye ba. Gwanintar ƙira ita ce samun tsakiya. Sannan ƙarfin bugu ba ya ɓacewa, dole ya tafi wani wuri: ya zama zafi, ko ya lotsa abin da ya daka, ko ya wuce cikin jiki. Shi ya sa sojan da rigar kariya ta tare masa harsashi kan tashi da karyayyen haƙarƙari. Tolkien, wanda ya yi yaƙin duniya na farko, ya kiyaye wannan, domin da aka soki jarumin nasa da mashi rigar ba ta huje ba amma ya kwana da tsamin jiki da ƙurji. Vibranium, mai shanye bugu ya ajiye ba tare da ya yi zafi ba, shi ne ya fi nisa da abin da zai yiwu.

To me aka gani a bidiyon Kongo?

Masanan da suka duba sun ce dutsen mai ƙyallin rawaya ya yi kama da wanda ake kira zinaren wawaye, wato haɗin baƙin ƙarfe da farar wuta. Irin wannan dutse yana barin lantarki ya ratsa ta cikinsa, kuma in aka buga shi da ƙarfe yana fitar da tartsatsi irin na ƙyastu. Amma barin wuta ta wuce daban, samar da ita daban. Wayar da ke bangon ɗakinka wuta na bi ta cikinta, in aka ɗauke wuta kuwa ba ta da ko ɗigo.

Batir yana buƙatar abubuwa biyu mabambanta da wani sinadari a tsakaninsu, a killace su yadda wutar ba za ta gudana ba sai an jona. Dutse guda ba shi da wannan tsari. Ko da a ce ya taɓa ɗaukar caji, zama cikin damshin ƙasa zai zuƙe shi tun tuni. Abin da masanan suka fi zato shi ne akwai batir ko wata hanyar wuta da aka ɓoye a wajen da kyamara ba ta nuna ba. Kuma har yau babu wata jami'a ko hukuma, a Kongo ko a wajenta, da ta fito da dutsen ta auna shi a bainar jama'a.

Waɗanda suka gaskata ba wawaye ba ne

Akwai masu yi wa waɗanda suka yaɗa bidiyon dariya. Ban bi su ba, domin zargin cewa ana kwashe arzikin Afirka a ɓoye yana da tushe mai ƙarfi. A mahaƙar Shinkolobwe da ke Katanga a Kongo an samu dutsen yuraniyom da ingancinsa ya kai kashi 65 cikin 100, a lokacin da ake murna da wanda bai kai kashi 1 ba a wasu ƙasashe. Kamfanin Beljiyom ne ke riƙe da ita, kuma daga nan aka samu mafi yawan yuraniyom ɗin da Amurka ta yi aikin bam ɗinta na farko da shi, aikin da ya ƙare da jefa bam a birnin Hiroshima na Japan a 1945. An yi jigilarsa a asirce. A yau sama da kashi 70 cikin 100 na kobalt ɗin duniya, wanda ake batirin waya da na mota da shi, daga Kongo yake fitowa, amma mafi yawansa a ƙasar Sin ake tace shi. A Nijar tun 1971 ake haƙar yuraniyom a Arlit, ya haskaka biranen Faransa shekara da shekaru, alhali har yanzu kusan mutum ɗaya cikin biyar ne ke da lantarki a ƙasar. Wanda ya san wannan, in aka ce masa an ɓoye wani dutse mai ba da wuta, ba zai yi mamaki ba.

Inda na rabu da su shi ne darasin da suke ɗauka daga Wakanda. Suna ganin abin da ya rage mana shi ne mu yi dace da dutsen, sai arziki ya sauko, tsuntsu daga sama gasasshe. Amma duwatsu masu daraja ai muna da su, kuma mun daɗe da su. Kuzar Jos da kolumbait ɗinta sun yi shekaru ana lodinsu a jirgin ƙasa, abin da aka bar wa Filato shi ne kududdufai. Ko a cikin labarin na ƙage, abin da ya ɗaukaka Wakanda shi ne masana da maƙera da ɗakunan bincike na kanta, da gwamnatin da ta hana a fitar da ɗanyen dutse. Wannan ɓangaren na tatsuniyar shi ne mai yiwuwa, kuma shi ne aka fi mantawa da shi in ana muhawara.

Akwai kuma masu cewa irin waɗannan fina-finai ɓata tunanin yara suke yi. Ni ban ga laifin tatsuniya ba matuƙar an san tatsuniya ce. Mun tashi da Gizo da Ƙoƙi, babu wanda ya tafi daji neman gidansu. Yaron da ya tambayi me ya sa ba za a iya yin vibranium ba ya riga ya taka matakin farko na ilimin sinadarai, in ya samu mai ba shi amsa.

Yadda abin ke shafar talaka

Haɗarin yana farawa ne lokacin da ɗan damfara ya ɗauki ƙarfen ƙage ya sa masa farashi. Fitaccen misali shi ne jar zaiba. Tun shekarun 1980 ake yaɗa cewa akwai wata zaiba ja da ake haɗa makamin nukiliya da ita, a wasu wuraren kuma a ce ana kiran aljanu da ita su kawo kuɗi. Hukumar makamashin nukiliya ta duniya ta ce babu wannan abu. Duk da haka a 2009 jita-jita ta bazu a Saudiyya cewa tana cikin tsofaffin kekunan ɗinki ƙirar Singer, har farashin keke ɗaya ya kai riyal 200,000, mutane na kara waya kusa da allura wai in sabis ya ɗauke to akwai ta. A garuruwanmu ma mun sha jin masu bi gida-gida neman tsohon rediyo ko tsohuwar talabijin ko dutsen guga na gawayi da irin wannan zance. Tsarin damfarar ba ya canzawa: akwai wani babban mai saye da ba a taɓa gani ba, akwai kuɗin gwaji ko na sinadarin wankewa da za ka fara biya, kuma dole a yi komai a asirce. Kakanninmu sun ji irinsa daga masu da'awar alkimiyya da ke cewa za su mai da dalma zinare.

Haɗari na biyu ya fi na kuɗi muni. A 2010, a ƙauyukan ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum a Zamfara, mutane suka riƙa kawo dutsen zinare cikin gida suna dakawa suna niƙawa. Dutsen cike yake da dalma. Ƙurar ta bi tsakar gida da abinci da hannun yara, sama da yara 400 suka rasu, dubbai kuma suka buƙaci magani, wasunsu da lahani a ƙwaƙwalwa na har abada. Zaiba ta gaske, wadda masu wankin zinare ke ƙonawa, hayaƙinta yana lalata jijiyoyi da ƙoda. Mai fasa tsofaffin na'urori yana neman ja yana iya shaƙar farar bai sani ba.

Wanda ya tsinci dutse mai ƙyalli yana da gwajin da zai iya yi kafin ya saurari kowa. Zinare yana da laushi, in an buga shi da guduma baje wa yake, zinaren wawaye kuwa farfashewa yake. In aka goga zinare a bayan tayil mara sheƙi, layin rawaya yake bari, ɗayan kuma baƙi mai ratsin kore. Zinare ya ninka shi nauyi kusan sau huɗu in girmansu ɗaya. Abin da ya wuce wannan na ɗakin gwaji ne. Hukumar binciken ma'adinan ƙasa ta Najeriya tana da babban ɗakin gwaji a Kaduna, akwai cibiyar binciken ƙarafa a Jos, sannan akwai sassan ilimin duwatsu a jami'o'in Zariya da Kano da Jos da Yamai. Akwai na'urar hannu da ake haska dutse da ita, cikin ɗan lokaci ta jera sinadaran da ke cikinsa da kason kowanne. Kafin sakamako ya fito, kada a daka dutsen a tsakar gida, kada a kai shi injin da ake niƙa hatsi, kuma a ajiye shi inda hannun yara ba zai kai ba, domin ƙurar dalma ba a gane ta da ido ko da hanci.